Gem Ya Ce Fayil Ya Ɓata: Yadda Ake Gano Matsalar a Gyara Ta Ba Tare da An Goge Komai Ba

A garuruwan Gwarzo da Kabo, da makwabtansu irin su Getso da Garo, gidajen gem da shagunan caji da na masu tura fina-finai su ne babbar hanyar da wasannin kwamfuta da na waya ke bi su isa hannun matasa. Ba kowa ne ke iya sauke gem da kansa daga intanet ba, domin fayil mai nauyin gigabait biyar ko goma ba ƙaramar data yake ci ba, ga kuma sabis da ke zuwa yana tafiya. Abin da aka fi yi shi ne wani ya samo shi a Kano, ko a Farm Centre ko a titin Beirut, ya zuba a filashi, daga nan ya riƙa yawo hannu zuwa hannu, ko ta Xender daga waya zuwa waya.

A irin wannan yawo ne matsala ke shigowa. Sai a gama ɗora gem, a danna shi, kwamfuta ta fito da ɗan akwati tana cewa ba ta ga wani fayil ba. Wani lokacin ma ba ta cewa komai, allo ne kawai zai yi baƙi ya mayar da mutum inda ya fito. Ga mai gidan gem, wannan asara ce kai tsaye: kwamfuta ɗaya ta kwanta, yara sun koma shagon gaba, kuma idan ya ce sai ya kai ta Kano, tafiyar kusan kilomita 70 ce daga Gwarzo, ban da kuɗin gyara. Mafi muni shi ne wanda ya gaji ya goge kwamfutar gaba ɗaya, ya yi asarar Master League ɗin da abokan cinikinsa suka yi watanni suna bugawa, sannan bayan ya sake ɗora komai matsalar ta dawo yadda take.

Wannan darasi zai bi dalilan da ke jawo ɓatan fayil ɗaya bayan ɗaya, da yadda ake gane kowanne, da maganinsa.

Mene ne faci, kuma me ya sa ya fi saurin kawo matsala?

Faci, ko mod, shi ne ƙarin fayilolin da masu sha'awar gem ke haɗawa da kansu domin su sauya abin da kamfani ya fitar. Misali, lokacin da Konami ya fitar da PES 2017 a watan Satumbar 2016, ba shi da lasisin wasu manyan ƙungiyoyi, shi ya sa Real Madrid ta fito da sunan MD White, Manchester United ta zama Man Red, Chelsea kuma London FC. Faci ne ke dawo musu da sunayensu da rigunansu da tambarinsu, ya kuma kawo sabbin 'yan wasa na kakar bana a cikin gem ɗin da ya tsufa. Wannan ne dalilin da ya sa har yanzu ake buga PES 2017 a ƙananan kwamfutocin da ba za su iya ɗaukar sabbin wasanni ba.

Abin da ya kamata a fahimta shi ne gem ba ya laluben fayil kamar yadda mutum ke laluben makulli a cikin ɗaki. An rubuta masa sunan fayil da ainihin foldar da zai same shi. Idan ya je bai tarar da shi a nan ba, ko ya tarar da shi da sunan da ya bambanta ko da da harafi ɗaya, a wurinsa fayil ɗin babu shi. Faci kuwa yana ƙara ɗaruruwan fayiloli, kowanne da mazauninsa, kuma mutum ne ke kwafe su da hannu. Kenan kowane mataki na kwafa ƙofa ce ta kuskure.

Mataki na farko: a karanta saƙon, a rubuta sunan fayil

Kuskuren da aka fi yi shi ne saurin danna OK a rufe akwatin. Saƙon nan shi ne rabin maganin. A ɗauki hotonsa da waya, ko a rubuta sunan fayil ɗin daidai yadda yake, da duk lambobinsa. Daga sunan ne za a gane gidan da fayil ɗin ya fito, domin gidajen uku ne:

1. Fayilolin Windows da gem ke aro. Sunayensu na ƙarewa da .dll, kuma sukan fara da d3dx, xinput, msvcr, msvcp ko vcruntime.

2. Fayilolin gem ɗin na asali. A PES su ne waɗanda ke cikin foldar Data, masu farawa da dt suna ƙarewa da .cpk. A GTA San Andreas kuwa akwai irin su gta3.img da ke cikin foldar models.

3. Fayilolin faci. Su ne duk abin da aka ƙara daga baya: riguna, fuskoki, filayen wasa, motoci, da ƙananan manhajojin da ke loda su.

Tambaya ta biyu ita ce: shin gem ɗin ya taɓa tashi a wannan kwamfuta? Idan bai taɓa ba, zargi ya fi karkata ga gida na farko ko kuma kwafin da bai cika ba. Idan kuwa jiya yana aiki yau ya ƙi, to a tambayi abin da ya sauya tsakanin jiya da yau: an ƙara sabon faci ne, an soka baƙon filashi, ko an ɗauke wuta yana tsakiyar aiki?

Idan fayil ɗin na Windows ne

Wannan shi ne mafi sauƙin gyara, kuma ya fi faruwa a kwamfutar da aka yi wa sabon Windows. Lambar da ke jikin sunan ce ke nuna manhajar da ta rasa:

- d3dx9_43.dll da xinput1_3.dll suna cikin kunshin DirectX End-User Runtimes na watan Yunin 2010. Windows 10 da 11 ba sa zuwa da waɗannan tsofaffin fayiloli, duk da suna da sabon DirectX. Kunshin bai kai megabait 100 ba. Ana warware shi a wata folda, sannan a danna DXSETUP.exe.
- msvcr100.dll da msvcp100.dll na Visual C++ 2010 ne.
- Masu lamba 110 na Visual C++ 2012 ne.
- Masu lamba 120 na Visual C++ 2013 ne.
- msvcp140.dll da vcruntime140.dll suna cikin kunshin da ya haɗa 2015 zuwa 2022.

Kowane kunshin Visual C++ iri biyu ne: x86 na manhajoji masu bit 32, da x64 na masu bit 64. Abin lura shi ne gem ɗin ake dubawa, ba Windows ba. PES 2017 da GTA San Andreas masu bit 32 ne, don haka x86 suke nema ko da Windows ɗin mai bit 64 ne. Daga PES 2018 ne aka koma bit 64. Mafi sauƙi shi ne a girka duka biyun. Kafin a ƙona data, a fara leƙa foldar gem ɗin, domin sau da yawa akan tarar da waɗannan kunshi a wata folda mai suna Redist ko _CommonRedist.

Akwai ɗabi'ar da ya kamata a guje mata: zuwa Google a rubuta sunan DLL, a sauke shi shi kaɗai daga wani shafi, a jefa a System32. Illar farko ita ce babu wanda ya san abin da aka cusa a cikin wannan fayil. Ta biyu, a Windows mai bit 64, foldar System32 ta fayilolin bit 64 ce, masu bit 32 kuma suna zaune a SysWOW64, akasin abin da sunayen ke nunawa. Wanda ya saka fayil a gidan da ba nasa ba, sai saƙon ya sauya zuwa lamba 0xc000007b, wanda galibi ke nufin an cakuɗa bit 32 da bit 64. Daga nan aikin ya zama biyu: sai an nemo baƙon fayil an cire, sannan a girka kunshin gaskiya daga shafin Microsoft.

Idan manhajar tsaro ce ta kama fayil ɗin

Alamar wannan ita ce gem ya yi aiki kwana ɗaya ko biyu, sannan a wayi gari wani fayil mai ƙarewa da .dll ko .exe ya ɓace daga foldarsa. Manhajojin da ke loda faci suna kutsawa ne cikin gem yayin da yake aiki, irin wannan hali kuma ya yi kama da na bairos, shi ya sa manhajar tsaro kan killace su. Domin tabbatarwa, a buɗe Windows Security, a shiga Virus & threat protection, sannan Protection history. A nan za a ga sunan abin da aka killace da foldar da aka ɗauke shi da lokacin.

Sai dai ba duk abin da aka kama ne aka kama bisa kuskure ba. Filashin da ya zaga shaguna goma zai iya ɗauko bairos na gaske, haka kuma kwafin gem da aka fasa makullinsa na daga cikin manyan hanyoyin da ɓata-gari ke bi su cusa manhajar satar bayanai. Kwamfutar da ake shiga asusun banki ko Facebook da ita ba wurin gwaji ba ce. Idan fayil ɗin na sananniyar manhajar faci ce, aka kuma ɗauko ta daga shafin masu ita, ana iya ɗora shi a shafin VirusTotal a ga hukuncin manhajojin tsaro da dama kafin a dawo da shi. Idan an gamsu, foldar gem ɗin kaɗai za a keɓe a Exclusions. Kashe tsaron kwamfutar gaba ɗaya daidai yake da cire ƙofar shago don makulli ya yi tauri.

Akwai kuma bairos ɗin filashi da ke ɓoye foldoji ya bar gajerun hanyoyi a madadinsu. Wanda ya kwafe waɗannan bai kwafi komai ba. Bayan an wanke filashin da manhajar tsaro, ana dawo da ɓoyayyun fayiloli ta Command Prompt. Idan filashin na kan harafin E, sai a rubuta: attrib -h -r -s /s /d E:\*.*

Idan fayil ya lalace ko ya guntule a hanya

Abubuwa huɗu ne suka fi jawo wannan.

Na ɗaya, tsarin filashi. Filashin da ke kan tsarin FAT32 ba ya karɓar fayil guda da ya kai gigabait 4, komai girman filashin. Manyan faci kan ƙunshi fayilolin da suka wuce haka. Windows zai yi gargaɗi, mai kwafa ya danna Skip cikin sauri, komai ya tafi ban da babban fayil ɗin. Magani shi ne a mayar da filashin exFAT ko NTFS, bayan an kwashe abin da ke ciki, domin sauya tsarin ta hanyar Format na share komai.

Na biyu, kunshin da aka raba gida-gida: part1.rar, part2.rar, har zuwa ƙarshe. Dole dukkansu su hallara a folda ɗaya, da suna iri ɗaya, sannan a warware daga na farko kawai. Idan guda ya ɓata, ko burawuza ta ƙara wa sunansa lamba domin an sauke shi sau biyu, warwarewar za ta tsaya a tsakiya. WinRAR da 7-Zip duk suna da maɓallin Test da ke duba lafiyar kunshi kafin a warware. Idan ya nuna kuskuren CRC ko checksum a wani kashi, wannan kashin kaɗai za a sake nemowa, ba duka ba. Haka nan tsohon WinRAR da ya girmi zubi na 5.0, wanda ya fito a 2013, ba ya iya buɗe sabon tsarin RAR5.

Na uku, yankewar aiki. Ɗauke wuta, ko mutuwar janareta, ko zare filashi kafin ya gama rubutu, ko katsewar Xender, duk suna barin fayil da cikakken suna amma rabin ciki. Hanyar ganewa ita ce a danna dama a kan foldar, a zaɓi Properties, a kwatanta adadin fayiloli da nauyinsu da na kwamfutar da gem ɗin ke aiki a kanta. A duba lambar bait mai tsawo, ba ta gigabait da aka taƙaita ba. Saƙonnin ISDone.dll da Unarc.dll da ke fitowa lokacin girkawa su ma suna rikita mutane. Yawanci ba waɗannan fayilolin ne suka ɓata ba, su ne ke kawo rahoton cewa warwarewa ta gaza, ko don kunshin ya lalace, ko don wuri ya cika, ko don RAM ta yi kaɗan.

Na huɗu, jabun filashi da memori. Akwai masu nuna gigabait 64 alhali ainihin cikinsu bai kai haka ba. Suna karɓar kaya ba musu, amma duk abin da ya wuce ainihin girmansu ya lalace. Ƙaramar manhajar H2testw tana cika filashi da bayanai ta sake karantawa, ta faɗi gaskiyar girmansa.

Idan fayil yana nan amma gem ba ya ganinsa

Wannan ne ya fi ɗaure kai, domin mutum na kallon fayil da idonsa, gem na cewa babu.

Dalili mafi yawa shi ne folda cikin folda. An warware kunshi, ya haifar da foldar download, aka ɗauke ta aka jefa cikin foldar download ta gem ɗin maimakon a haɗe su. Yanzu fayilolin sun yi nisa da taki ɗaya daga inda ake nemansu. Dalili na biyu shi ne ƙarshen suna da Windows ke ɓoyewa. A buɗe File Explorer, a shiga View, a kunna File name extensions, sai a ga ko fayil ɗin da ake zaton .cpk ne ashe .cpk.zip ne. Na uku shi ne tsawon adireshi: tsofaffin manhajoji da dama ba sa iya bin adireshin da ya wuce haruffa 260, don haka gara a ajiye gem a gajeren wuri kamar D:\Games.

A PES 2017, fayilolin faci na zaune a foldar download, kuma akwai wani ƙaramin fayil mai suna DpFileList.bin da ke riƙe da jerin sunayensu, tamkar rajistar aji. Fayil ɗin da ke cikin folda amma babu sunansa a rajista, gem ba zai loda shi ba, shi ya sa za a ga an saka sabbin riguna amma ba su fito ba. Wanda kuma sunansa ke rajista amma babu shi a folda, zai iya hana gem tashi ko ya bar giɓi a cikinsa. Da manhajar DpFileList Generator ake sake rubuta jerin, kuma a bi tsarin da mai facin ya bayar, domin idan fayiloli biyu suka taɓa abu ɗaya, matsayinsu a jerin ne ke raba gardama.

Ban da wannan akwai fayil mai suna EDIT00000000, wanda ke ɗauke da sauye-sauyen 'yan wasa da ƙungiyoyi. Shi ba ya cikin foldar gem, yana Documents, cikin KONAMI, cikin Pro Evolution Soccer 2017, cikin save. Masu kwafar gem daga wata kwamfuta sukan manta da shi. Idan aka ga saƙon da ke cewa bayanan na wani zubi ne daban, to wannan fayil bai dace da facin da ke kai ba. A kuma lura cewa a wasu kwamfutocin OneDrive kan janye foldar Documents zuwa cikinsa, sai a wayi gari da Documents biyu, a zuba fayil a wadda gem ba ya dubawa.

A PES 2021, faci da yawa na tafiya ne da manhajar Sider, wadda ake kunnawa kafin gem. Umarninta na cikin sider.ini: layukan da suka fara da cpk.root na nuna foldojin da za a loda, masu farawa da lua.module kuma na nuna ƙananan umarni. Layin da aka sa wa alamar ; a gabansa a kashe yake. Idan sunan folda a layin bai yi daidai da na zahiri ba, abin ba zai fito ba, kuma sider.log zai nuna inda aka yi tuntuɓe.

A GTA San Andreas, wanda ya fito a kwamfuta a 2005, mafi yawan faci an gina su ne a kan zubi na 1.0. Manhajar CLEO 4 na zuwa da cleo.asi da bass.dll da vorbisFile.dll da vorbisHooked.dll. Biyun ƙarshe tare suke aiki, wanda ya kwafi ɗaya ya bar ɗaya, gem ba zai tashi ba. Mai amfani da Mod Loader zai sami bayanin abin da ya faru a modloader.log.

A ɓangaren waya

PES 2014 ne na ƙarshe da Konami ya fitar a na'urar PSP. Kenan duk wani eFootball na bana da ake bugawa a PPSSPP faci ne da aka ɗora a kan tsohon gem. Yakan zo kashi uku: fayil ɗin ISO, da foldar SAVEDATA, da foldar TEXTURES. Biyun ƙarshe dole su shiga cikin foldar PSP da manhajar ke amfani da ita. A cikin TEXTURES, sunan foldar gem dole ya zama lambar shaidar gem ɗin, irin mai farawa da ULES ko ULUS, wadda ake gani idan aka danne hoton gem ɗin na ɗan lokaci. Idan lambar ta saɓa, ko ba a kunna Replace textures a cikin Developer tools ba, gem zai tashi amma da tsofaffin riguna da fuskoki. Wasu masu faci kan ce a mayar da harshen PPSSPP zuwa Sifaniyanci. A bi wannan umarni, domin facin na dogara ne da fayilolin wannan harshe, rashin yin haka kan kawo baƙin allo.

Tun daga Android 11 da ta fito a 2020, Google ya taƙaita yadda manhajoji ke shiga ma'adanar waya. Shi ya sa sabbin zubin PPSSPP ke tambayar foldar da za a riƙa ajiya a ciki tun a buɗewar farko. Wanda ya tsallake tambayar, ajiyarsa na tafiya can cikin Android/data, sai ya zo ya zuba kaya a wata foldar PSP daban da manhajar ba ta san da ita ba. Ana gyara wannan a saitin System, wurin Memory Stick folder. Ƙarin amfanin zaɓar folda ta waje shi ne ajiyar ba za ta tafi ba idan aka cire manhajar.

Wasanni masu fayil ɗin OBB kuwa, kamar GTA San Andreas na waya, suna neman sa ne a Android/obb, cikin folda mai ɗauke da cikakken sunan manhajar, wato com.rockstargames.gtasa. Sunan fayil ɗin kansa na farawa da main, sai lamba, sai sunan manhajar. Dole OBB ya zama na zubin da manhajar ke nema. Idan ZArchiver ta kasa shiga foldar a sabuwar waya, haɗa wayar da kwamfuta ta kebul na ba da damar kwafa kai tsaye. A kuma yi hattara da manhajojin share tarkace, a karanta abin da za su goge kafin a amince.

Idan babu saƙo: dabarar raba biyu

Wani lokaci gem na mutuwa ne shiru. A ƙaddara mai gidan gem a Kabo ya karɓo filashi daga Gwarzo mai ɗauke da fayilolin faci 16, ya zuba duka, PES ya daina tashi. Da farko zai fitar da duka 16 zuwa wata folda, ya sake rubuta DpFileList, ya gwada. Idan gem ya tashi, to asalinsa lafiya lau, laifin na cikin facin. Sai ya mayar da 8. Idan ya mutu, mai laifin na cikin waɗannan 8, idan ya tashi yana cikin sauran. Daga nan ya raba rukunin da ake zargi zuwa 4, sannan 2, sannan 1. Gwaji huɗu kacal sun isa a kama fayil guda a cikin 16, biyar kuma a cikin 32. Abin kiyayewa shi ne wasu fayilolin na dogara da juna, kamar filin wasa da fayil ɗin da ke rajistarsa, irin waɗannan tare ake motsa su.

Ga wanda hannunsa ya faɗa, akwai Process Monitor, manhajar kyauta daga Microsoft. Tana nuna kowane fayil da gem ya nema da amsar da ya samu. A tace da sunan gem, misali PES2017.exe, sannan a nemi layukan da sakamakonsu ya zama NAME NOT FOUND ko PATH NOT FOUND. Da yawansu ba matsala ba ne, domin manhaja kan leƙa wurare da dama kafin ta dace. Waɗanda suka zo daf da mutuwar gem ɗin su ne abin dubawa, kuma suna nuna cikakken adireshin da aka je aka rasa.

Mai kwafin Steam yana da wata hanyar: Verify integrity of game files na dawo da duk fayil na asali da ya ɓata. Sai dai yana mayar da waɗanda faci ya sauya zuwa yadda suke tun farko, don haka a adana facin kafin a danna.

Rigakafi ga mai shago

Abubuwa biyar ne ke rage yawan wannan wahala. A ajiye kwafin gem na asali, wanda ba a taɓa ba, a wata ma'adana daban. A tanadi filashi guda mai ɗauke da DirectX da dukkan kunshin Visual C++ da 7-Zip, domin a iya gyara ko babu intanet. A riƙa kwafe foldar save duk mako, musamman kafin a saka sabon faci. A riƙa ƙara faci ɗaya bayan ɗaya, ana gwadawa a tsakani, a kuma fara a kwamfuta guda kafin a watsa wa sauran. Sannan kada a fara babban kwafi sai batirin kwamfuta na da caji ko wutar sola na tsaye.

Idan an bi duk waɗannan matakai amma fayiloli na ci gaba da lalacewa da kansu, yau wannan gobe wancan, ko kwamfuta na ƙara da sanƙarewa lokacin kwafa, to zargi ya koma kan ma'adanar kwamfutar. Manhajar CrystalDiskInfo na nuna lafiyarta. Idan ta nuna Caution ko Bad, a kwashe ajiya da sauran muhimman abubuwa nan take, domin wannan kam ba faci zai gyara ba, sai an sauya ma'adanar.